Fuskar 'Yar Fari

A ranin shekarar dubu biyu da goma sha bakwai Abdussamadu ya fara ɗaukar fim ɗin da mutanen Birnin Kebbi suka riƙa kira fim ɗin gulbi. A lokacin ya ɗan haura shekara talatin, yana zaune da matarsa a gidan haya a Gwadangaji da ke gefen garin, kuma abin da ya mallaka na sana'a bai wuce kyamara ɗaya, kwamfuta ɗaya da wani babur da ya ga jiya ya ga yau ba.

Ɗan gidan malamai ne na cikin tsohon gari. An so ya gaji buzu da littattafai, sai ya shiga kwalejin kimiyya da fasaha, da ya gama kuma ya bi 'yan fim zuwa Kano. A can ya riƙe musu fitila, ya riƙe sandar ɗaukar murya, ya koyi tace fim yana tsaye a bayan kujerar masu tacewa. Abu ɗaya ne ya hana shi sakewa: da zarar ya buɗe baki a wurin aiki sai a bushe da dariya, a ce ya maimaita. Ranar da aka ba shi fitowa ta farko, maigadi aka sa shi, aka ce ya saki harshensu na gida yadda masu kallo za su yi dariya. Ya saki, aka yi dariyar, har aka yaba masa. Tun daga ranar garin ya fita daga ransa. Ya komo gida da niyyar yin fim da harshen Kabi, fim ɗin da za a yi kuka a cikinsa da wannan harshe, a yi addu'a da shi, a yi bankwana da shi, ba tare da kowa ya ga abin dariya ba.

Sai dai kafin niyya ta nuna dole a ci abinci. Ya shiga ɗaukar bukukuwa, yau ɗaurin aure, gobe saukar karatu, jibi walimar dawowar alhazai. A tsakankanin haka ya yi gajerun fina-finai, ɗaya a kan manoman shinkafa na Zauro da ambaliya ta ci gonakinsu, wani a kan wata tsohuwa mai sayar da albasa. Mutane suka tura wa juna a waya, suka ce yaron yana da ƙoƙari, suka manta. A wajen ɗaukar bikin ba da kyaututtuka na wata makarantar 'yan mata ya ga Rauda, malamar Hausa, tana gyara wa wata ɗaliba hijabi kafin ta hau dandamali. Shekara ba ta zagayo ba aka ɗaura musu aure.

Rauda 'yar Argungu ce, kuma ita ce 'yar fari a wurin mahaifiyarta, Hajiya Uwa, wadda ta rayu da sana'ar bandar kifi tun bayan rasuwar mijinta. Hajiya Uwa irin matan da ce, masu riƙe kunyar ɗan fari da gaske. Tun da aka yaye Rauda aka kai ta riƙo wurin goggonta a Birnin Kebbi. Uwar ba ta taɓa kiran sunanta ba, ba ta taɓa zama ta fuskance ta ba. Idan Rauda ta je gida ta durƙusa gaisuwa, tsohuwar takan karkata kai wajen bango ta amsa, sa'an nan ta ce da Munzali, ƙanin Rauda, "Ka ce ma waccan ga abinci nan."

Wata Sallah da suka dawo daga Argungu, Abdussamadu ya kasa haƙuri.

"Wai ke, abin ga bai damunki? Wuni guda munka yi, ko sau ɗaya ba ta ɗaga ido ta dube ki ba."

Rauda tana kwance ƙunshin kifin da aka ba su. Ta yi dariya.

"Ga ka da kyamara, ba ka da ido. Dubi wanga kihi. Giwan ruwa na, kuma tsakiya, inda babu ƙaya. Munzali wutsiya anka ba shi, shina can shina ƙunƙuni. Wanga shi na kallon Inna."

"To ke in kin haihu haka za ki yi?"

"Ni? Kallon ɗana za ni yi har shi ce Inna ya isa. Makaranta ta ɓata ni."

Labarin fim ɗin gulbi ba mai tarkace ba ne. Wani masunci ne ya bi ruwa zuwa kudu yin su na rani, abokan tafiyarsa suka dawo, shi bai dawo ba, kuma babu wanda ya ga gawarsa. Matarsa ta zauna a bakin gulbi tana gyaran homarsa ta kamun kifi, tana banda, tana jira, dangi suna cewa ta haƙura. Duk nauyin fim ɗin a kan matar yake. Abdussamadu ya gayyato jaruma daga Kano. Da ta ga kwalekwale yana rawa a kan ruwa sai ta ce ita iyayenta suna sonta. Harshen ma ya ƙi lanƙwasa mata, ba ta daɗe ba ta koma. Ya bi gidajen Argungu yana nema, kowane maigida ya saurare shi da mutunci, ya raka shi bakin zaure da addu'a.

Rauda ce ta kawo ƙarshen neman, wata safiya yana zaune ya tasa shayi a gaba ya kasa sha.

"Mi kaka nema waje wanda ba ka da shi cikin gida? Harshen nawa na. Gulbin a bakinai anka haihe ni. Banda kuwa, duk hutun makaranta da ita nit tashi."

"Ke malama ta, Rauda. Kin san bakin mutane."

"Na san shi. Mayahina ba ya sauka, ba ni rawa, ba namijin da za shi taɓa ko bakin zanena. In ka yarda da wanga, sauran tsakanina da Ubangijina na."

Aka tura Munzali ya nemi izinin tsohuwa. Amsar da ya kawo gajera ce: tana da miji, shi za a tambaya.

Suka yi ta ɗauka rani bayan rani, a hutun makaranta, duk lokacin da aikin biki ya bar musu abin zuba wa babur mai. Masuntan da suka fito a ciki masunta ne na gaske, da homarsu da goransu. Munzali ne mai tuƙa kwalekwalen da aka ɗora kyamara. Abdussamadu yana da wata ɗabi'a a aiki wadda a Kano aka sha yi masa faɗa a kanta: idan magana ta ƙare ba ya tsayar da ɗauka. Yakan matso da kyamara kusa da fuska, ya bar ta a nan, yana jiran abin da zai biyo bayan maganar. Ya ce mutum sai ya gama faɗin abin da ya shirya sa'an nan gaskiyarsa take fitowa. Saboda haka rabin fim ɗin fuskar Rauda ce, ta cika allo, tana kallon mai kallo ido cikin ido, ba ta cewa komai.

"Darakta, kwana kay yi bayan abin ga?" takan ce ta tsakanin haƙora. "Wuyana ya ƙage."

"Ƙyale shi, Yaya," Munzali yakan amsa daga ƙarshen kwalekwale. "Gida bai samun kallonki, kin cika hwaɗa. Shi yas sa yak kwaso mu yak kawo mu rana."

"Kai ko tuƙi ba ka iya ba, ɗan masunci kawai a baki. Riƙe jirgin ga shi tsaya," in ji Abdussamadu.

"Darakta mai kyamara guda, ka sai ta biyu tukuna ka ba ni oda."

A rani na biyar aka ɗauki fitowa ta ƙarshe. Rauda tana da ciki a lokacin, na farko bayan dogon jira, mayafi ne ya rufa mata asiri a gaban kyamara. Da damina ta yi tsakiya naƙuda ta zo da gardama. An kai ta asibiti a kan lokaci, an yi abin da ɗan Adam zai iya, Allah Ya yi ikonSa. Ita da abin da ke cikinta aka sallata tare bayan azahar, ana yayyafi. Hajiya Uwa ta zo daga Argungu ta zauna zaman makoki a kusurwar ɗakin goggo. Matan da suka zauna kusa da ita sun ce ba su ga hawayenta ba, carbi take ja, idan an yi mata gaisuwa ta ce, "Haƙuri sai ga mijinta."

Abdussamadu ya rufe kwamfutar ya sa ta a ƙarƙashin gado, ta daɗe a nan. Ya ci gaba da ɗaukar bukukuwan mutane, yana cewa amarya ta ɗago kai, ango ya yi murmushi. Sai da wata damina ta zo ta wuce sa'an nan ya iya buɗe ta. Tace fim aiki ne na maimaici: a kalli abu ɗaya, a komar da shi baya, a sake kallo, a rage ƙiftawar ido guda, a mayar. Haka ya zauna da matarsa watanni, tana ɗago kai tana dubansa, yana komar da ita baya tana sake ɗagowa. Wani lokaci a ƙarshen ɗauka, inda ba za a sa a fim ba, sai ya ji ta tana cewa wuyanta ya ƙage. A nan yakan tashi ya yi alwala.

Da ya kammala, ya aika wani yanki ga masu shirya wani bikin nuna fina-finan Afirka a wata ƙasa ta yamma da mu. Bai sa rai ba. Wata rana yana kan babur a kan hanyar kasuwa waya ta yi ƙara, wata mata ta gaya masa cikin Turancin da ya sha Faransanci cewa sun karɓi fim ɗin, za a nuna shi a babban zaurensu, kuma suna jiran cikakkensa kafin wata ya mutu. Ta ce ba su taɓa jin Hausa irin wannan ba, ba su kuma taɓa ganin fuska irin ta matar nan ba. Ya tsaya a gefen titi, kabu-kabu suna wuce shi suna zaginsa ya tare hanya, bai ji su ba.

Labari ya bazu, har ya kai Argungu. Ranar wata Juma'a Munzali ya zo Gwadangaji. Bai kira shi Darakta ba. Ya tuɓe takalmi a bakin ƙofa, ya zauna a ƙasa, ya daɗe yana gaisuwa.

"Inna ta aiko ni."

"Lahiya dai?"

"Wurin karatun mata taj ji ana hwaɗin duk wanda yab bar hoto nai a duniya, kowane ido yak kalle shi ana rubuta mai cikin kabari. Tun rannan ba ta kwana, abinci sai an matsa mata. Tac ce in roƙe ka, don Allah don Annabi, ka goge abin ga."

Abdussamadu ya dube shi kamar bai san shi ba.

"In goge? Munzali, kai kat tuƙa jirgin. Ka ga ranar da tas sha. Ka san mi abin ga yake a wurinta."

"Na sani, Yaya Abdu. Ni ɗan aike na."

Washegari ya tafi cikin tsohon gari wurin kawunsa, Malam Nu'uman, wanda ya gaji zauren karatun gidansu. Ya jira har manyan ɗalibai suka rufe littattafai suka watse, sa'an nan ya matsa ya zayyana masa komai. Malam ya saurara yana shafa gemu.

"Ka san ban taɓa son sana'ag ga taka ba, yau ma ban sonta. Amma ba ni yi ma shari'a ƙarya don raina shi yi daɗi. Yarinyag ga a suturce take, da izinin mijinta, ba ta hwaɗi alhasha ba. Ni dai ban san hujjar da za ta sa a kama bawa da laihin idon wani ba. Allah Ya hi mu tausayinta, kai da uwar duka."

"Ke nan in tura, Kawu?"

"Hukunci kat tambaye ni, na ba ka. Zuciyar uwa ba ka tambaye ni ba, ita ko ba ta cikin littattahan da nik karanta."

Abdussamadu ya fito da ƙarfin gwiwa. Ya yi tunani irin na mai sana'a, wanda ya gaskata cewa duk wanda ya ga aikinsa zai yarda da shi. Tsohuwar ba ta taɓa ganin fim ɗin ba. Abin da take tsoro shi ne rawa da waƙa da tsiraici irin wanda ake ba da labari. Idan ta ga 'yarta a lulluɓe, tana banda, tana salla a bakin ruwa, ta kuma ji abin da Malam ya ce, hankalinta zai kwanta. Ya cika batirin kwamfutar, ya ɗaure ta a baya cikin jaka, ya kama hanyar Argungu bayan azahar. Fadama ta yi shar da shinkafar rani a dama da hagu, injinan ban ruwa suna ta tari. Duk tsawon hanyar yana shirya maganarsa. Bai tsaya ya tuna da abin da ya cika fim ɗin da shi ba, bai kuma tuna wa zai nuna wa ba.

Gidan yana unguwar masunta, ƙamshin banda ya kama bangonsa. Ya yi sallama, Munzali ya shigar da shi tsakar gida. Ya durƙusa nesa da ƙofar ɗakin, kansa a ƙasa, kamar yadda ya saba tun da ya zama suruki. Hajiya Uwa tana ciki a bayan labule. Suka gaisa gaisuwa mai tsawo, ta tambayi mutanen Birni gida gida. Sa'an nan ya faɗi abin da ya kawo shi: ya ji saƙo, bai ƙi ba, amma yana roƙon ta gani da idonta kafin a yi komai.



"Ni ban iya kallon abubuwan ga ba."

"Ba wuya, Inna. Zama kawai za ki yi."

"To. Shi shigo da shi, shi hita."

Munzali ya shiga ya ɗora kwamfutar a kan turmi da aka kife, ya kunna, ya fito. Ya shimfiɗa tabarma a inuwar rumfar banda, su biyu suka zauna. Suruki ba ya zama kallo da surukarsa, don haka da kunne Abdussamadu ya bi fim ɗinsa. Ya ji ƙarar ruwa a jikin kwalekwale, ya ji kiran masunta, ya ji muryar Rauda tana tambayar waɗanda suka dawo ina suka baro mijinta. Bayan tambayar sai shiru. Ya san wannan shirun, shi ya auna shi da hannunsa. Ya san cewa a daidai lokacin nan fuskarta ta cika allon, tana kallon duk wanda ke gabanta, ba ta ƙiftawa. A nan ne abin da ya yi ya faɗo masa.  Ya so ya ce Munzali ya shiga ya kashe, amma ya san ta riga ta gani.

Ba a ji motsi a ɗakin ba. Fim ya ci gaba, magana kaɗan, shiru mai yawa. Aka kira la'asar, suka je masallacin unguwa suka dawo, yana nan yana tafiya. Kaji suna tono a gindin randa. Wata maƙwabciya ta leƙo da sallama, Munzali ya yi mata alama da hannu ta koma.

Can wajen ƙarshe, a cikin wani dogon shiru, suka ji murya daga bayan labule, ƙasa ƙasa, kamar mai gwada kalmar da ba ta saba da ita ba.

"Rauda."

Ta sake kira.

"Rauda. Raudatu."

Munzali ya miƙe tsaye kamar an tsikare shi. Tun da aka haife shi bai taɓa jin sunan nan a bakin nan ba. Ya rufe fuska da hularsa ya nufi zaure. Abdussamadu ya zauna inda yake, yana kallon tokar murhun banda.

Da fim ya ƙare ta kira Munzali, ta ce ya mayar mata da wurin da Rauda take zaune a bakin ruwa tana kallon nan. Ya mayar. Da ya wuce ta ce ya sake. Ta sa an sake har batirin ya fara gargaɗi. Sa'an nan ta ce a kira mata baƙon kusa. Abdussamadu ya matso bakin ƙofa ya durƙusa. Labulen yana tsakaninsu, ƙafafunta kawai yake gani, da bakin zanenta.

"Wa taka kallo haka?"

"Kyamara, Inna. Ni na a bayanta."

"Uhm. Ashe idon babanta tad ɗauko. Mutane sun sha hwaɗi, ni ban taɓa dubawa ba. In za ta yi magana, gira guda ka tashi kahin guda. Shi ma haka shika yi."

 Sai ya kawo maganar da ya shirya a hanya, ya faɗi abin da Malam Nu'uman ya ce, kalma bayan kalma. Ta saurara har ya kai aya.

"Malam ya yi gaskiya. Na ga ɗiyar kirki, ban ga abin da za a kama ta da shi ba. Tsoro na yak kama ni, ka yahe mani. Na janye maganata. Kar a goge. Ko bayan raina kar wanda ya goge."

 Ya fara godiya, ya fara addu'a, ta katse shi.

"Ban ƙare ba, ɗan nan. Ka bar mani ita."

"Inna?"

"Shekara talatin da wani abu ina kauda kai. Tana shigowa in dubi bango, tana hita in bi bayanta da ido. Ƙeyarta nis sani, da tahiyarta. Haka uwata tay yi ma yayana, haka nig ga ana yi, ban ce an yi ba daidai ba. Ina cewa akwai lokaci, in ta haihu, in mun tsuhwa tare, kunya ta ragu. Sai ga shi yau nig gane ta. Yau ɗin ga. To kuma sai a ɗauke ta a kai wani gari, mutanen da ba su san sunan ubanta ba su zauna su zuba mata ido suna cin gyaɗa, su ƙoshi da abin da ni da nih haihe ta nih hana ma kaina?"

"Inna, ana iya bar maki naki nan, a kai wani can. Ba ya raguwa."

"Na sani. Munzali ya hwaɗa mani, kamar wuta na, ana ɗiba tana nan. Amma in kowa ya ɗiba ya kai gida nai, wacce ta tawa?" Ta gyara zama. "Ba ni hana ka. Matakka ta, aikinka na, ka hi ni iko. In ka kai, ba ni yi ma baki, Allah Ya sani. Roƙo na nika yi."

A garin nan suruka ba ta roƙon suruki. Abdussamadu ya ji kamar ƙasa ta tsage ya shige. Da hujja ta zo masa, da yana da hujjar da ta fi tata, ya taho da ita tun daga Birni. Wannan kuwa ba shi da abin da zai ajiye a gabansa. Ya ce ya ji, ya yi mata sallama, ya tashi. Bai tambayi kwamfutar ba.

Munzali ya raka shi yana tura masa babur har suka fita unguwar, suka tsaya a inda ake hango gulbi. Rana ta yi sanyi. Wasu masunta suna jawo kwalekwale bakin gaɓa, ɗaya daga cikinsu, wanda ya fito a fim ɗin, ya ɗaga hannu ya yi kira, "Darakta! Yaushe za mu ga kanmu?" Abdussamadu ya ɗaga masa hannu kawai.

"Yaya Abdu, ka saurare ni," in ji Munzali. Idanunsa sun yi ja. "Ni nik kai ma saƙon gogewa, yanzu ni ka ce ma ka tura. Yaya ta so a gani. Ba don kai kaɗai tas sha ranar ga ba, ita ma harshenta na. Ga mutanen ga, sun bar su nasu sun tsaya ma. Inna tsohuwa ta, za ta yi kuka ta haƙura, ba ta ko sanin ranar da anka nuna. Kai kuma in wanga ya wuce ka, wane kaka da shi? Ka koma ɗaukar amare har ka tsuhwa?"

Duk abin da ya faɗa gaskiya ne, Abdussamadu ya sani. Ya san ba shi da wani rani biyar da zai sake bayarwa, ba shi da wata da za ta zauna masa a gaban kyamara ta jure shirunsa. Ya san Rauda, da za a tambaye ta, da wataƙila ta ce a tura, ta kuma yi masa tsiya a kan jinkiri. Amma Rauda tana inda babu abin da zai ƙare ta ko ya rage ta sai addu'a. Wadda ke raye tana can bayan labule, da allo a kan turmi, tana jiran a kawo wuta.

Wayarsa ta yi ƙara a aljihu. Ya ciro ya duba, lambar ƙasar waje ce. Ya bar ta tana ƙara har ta gaji, ya mayar. Ya karɓi babur daga hannun Munzali, ya hau, ya ɗora ƙafa a kan abin tayarwa.

"Ka nemo mata inda za a riƙa cika batirin," ya ce. "Ka koya mata wurin da za ta danna in tana son komawa baya. Gobe ni kira mutanen in ba su haƙuri. Fim ɗin ba ya hita."